TALBAN BAUCI IBRAHIM TAHIR: Abin Da Iska Ta Kwashe Da Abin Da Takarda Ta Riƙe



Maganar yau a kan mutum guda take, watau Dakta Ibrahim Tahir, Talban Bauci, tsohon ma'aikacin rediyo, masanin tarihi da al'adun ƙasar Hausa, wanda ya rasu a birnin Alƙahira cikin watan Disamba na shekarar 2009, Allah ya jiƙansa. Amma kafin a shiga labarinsa, ya kamata a fara da wata 'yar tambaya wadda ta shafi kowane magidanci ɗan Arewa da neman abinci ya kai shi Kurmi, ko a Agege yake, ko Obalende, ko Sabon Badun, ko Shagamu, ko Anaca, ko Fatakwal.

A ɗauka ga wani mutum wanda aka binne cibiyarsa a unguwar Gwallaga cikin garin Bauci. Ya taso, ya tafi Ikko fataucin shanu ko cinikin goro, ya yi aure can, Allah ya ba shi zuriya. Yaran nan sun iya Yarbanci kamar 'yan gari, sun iya Turancin kasuwa, Hausarsu ma ba laifi. To, a kira babban cikinsu a tambaye shi, wa ya kafa Bauci? Me ya sa ake ce mata ta Yakubu? Ƙofofin ganuwarta nawa ne? Sau da yawa sai yaro ya yi shiru ya dubi ubansa, uban kuwa ya yi murmushi ya ce ai dā ya sani, tsohuwarsa ta sha gaya masa, hidimar duniya ce ta sa ya manta. Tsohuwar kuwa ta daɗe da kwantawa dama. Haka labarin gari yake ɓacewa, ba gobara, ba ɓarawo, ba wanda ya ji ƙararsa.

Rayuwar Talba tana da abin da za ta koyar game da wannan hasara, domin shi mutum ne da ya yi shekaru a ƙasar wasu, ya ɗauki garinsu a ka, kuma ya jarraba hanyoyi dabam-dabam na adana shi. Waɗansu hanyoyin sun riƙe, waɗansu sun zubar. Sanin wadda ta riƙe da wadda ta zubar shi ne amfanin wannan zama.

GARIN DA YA FITO

An haifi Ibrahim Tahir a ƙasar Bauci cikin shekarar 1938. Garin da ya buɗe ido ya gani ba ƙaramin gari ba ne a tarihin Arewa. Malam Yakubu ɗan Dadi, Bageri, almajirin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, wanda ya karɓo tuta daga hannun malaminsa, shi ya kafa birnin cikin 1809 bayan ya zauna Inkil. Masu ba da labari sun ce sunan garin daga wani maharbi ya samo asali, ana ce da shi Baushe, wanda ya nuna wa Yakubu wurin. Aka kewaye birni da ganuwa mai ƙofa tara, cikinsu har da Ƙofar Wunti, da Ƙofar Ran, da Ƙofar Jahun, da Ƙofar Nasarawa, da Ƙofar Inkil, da Ƙofar Dumi, da Ƙofar Tirwun. Yakubu ya rasu cikin 1845, 'ya'yansa da jikokinsa suka ci gaba da riƙon ƙasa, har Turawa suka shiga garin cikin 1902.

Daɗin daɗawa, a daidai lokacin ƙuruciyarsa Bauci ta zama matattarar masu kaifin baki da kaifin alƙalami. Cikin 1943, sa'ad da yake ɗan shekara biyar, aka kafa wata ƙungiyar muhawara a garin, inda irin su Malam Sa'adu Zungur, da Malam Aminu Kano wanda ke koyarwa a Midil ta Bauci, da Malam Abubakar Tafawa Ɓalewa suke taruwa suna tattauna al'amuran mulki da zaman jama'a a bainar mutane. Hukuma ba ta bar ƙungiyar ta daɗe ba, amma irin da ta shuka ya tsiro. Malam Sa'adu ya sauka Ikko ya yi aikin siyasa, ya komo gida ya rasu cikin 1958. Malam Abubakar kuwa, wanda aka yi wa laƙabi da mai muryar zinariya saboda daɗin lafazinsa, ya zama Firayim Ministan Nijeriya cikin 1957. Yaron da ya tashi a garin da ake girmama mai iya magana irin haka, in Allah ya ba shi basira, ba mamaki ya ɗauki magana ta zama sana'arsa.

Cikin shekarun 1950 ya tafi Kwalejin Gwamnati ta Zariya, wadda yau aka fi sani da Kwalejin Barewa, makarantar da ta gāji tsohuwar Kwalejin Katsina inda su Tafawa Ɓalewa da Sardauna suka yi karatu.

MURYA DAGA LANDAN

Ran 13 ga watan Maris na 1957 gidan rediyon BBC ya fara watsa shiri da harshen Hausa, na minti goma sha biyar, Malam Aminu Abdullahi Malumfashi ne ya buɗe shi. Cikin 1962 kuma Gwamnatin Jihar Arewa ta buɗe nata gidan rediyo a Kaduna. A waɗannan shekaru ne ƙananan akwatunan rediyo masu aiki da batir suka yawaita, har makiyayi ya rataya nasa a kafaɗa, mai shayi ya ajiye nasa kan tebur. Ibrahim Tahir yana cikin samarin Arewa na sahun farko da suka yi aiki a Sashen Hausa na BBC a Landan, a ginin nan da ake kira Bush House.

Mazauna Kurmi sun fi kowa sanin darajar wannan akwati. Wanda ke zaune a Kano ko Bauci, in ya fita ƙofar gida Hausa zai ji. Amma wanda ke gadi a Ikoyi ko yake kwana a kara yana jiran motar shanu, idan dare ya yi ya murɗa rediyo ya ji an yi sallama da harshensa, sai ya ji kamar an kawo masa gida har gindin kunnensa. Da yawa sun aika da gaisuwa ta Zaɓi Sonka a Rediyon Kaduna, da yawa sun rubuta tambaya zuwa filin Amsoshin Takardunku na BBC, suna neman a gaya musu asalin wani gari ko tarihin wani sarki.

Masu saurare suna zaton aikin mai karanta labarai karatu ne kawai, alhali kuwa da sauran rina a kaba. Labari yakan iso da Turanci, lokaci ya ƙure, dole mutum ya juya shi zuwa Hausar da Basakkwace zai gane, Bakano ya gane, Bagobirin Maraɗi ya gane, ɗan zangon Kumasi ma ya gane. Kuma abubuwa da yawa da ake magana a kansu ba su da suna a Hausa a wancan zamani. Tsakanin ma'aikatan jarida irin ta Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda aka fara bugawa cikin 1939, da ma'aikatan gidajen rediyo, a nan aka ƙera kalmomin da yau kowa ke faɗa ba tare da ya san an sha wuya a kansu ba: Majalisar Ɗinkin Duniya, ƙuri'ar raba gardama, yaƙin cacar baka, 'yan gudun hijira, tauraron ɗan'adam. Wanda zai ƙera irin wannan kalma sai ya san ɗinki, ya san gardama, ya san caca, ya san hijira, watau sai ya san rayuwar mutanen da yake yi wa magana ciki da bai. Saboda haka ɗakin watsa labarai makaranta ce ta al'ada, kuma wanda ya ratsa ta da hankalinsa yakan fito da kunnen da ke jin abin da ke ƙarƙashin magana.

Amma fa rediyo yana da aibi guda, kuma babba ne. Hausawa sun ce magana zarar bunu ce, in ta fita ba ta komowa. A zamanin da ake magana, faifan ɗaukar murya tsada gare shi, gidajen rediyo da yawa na duniya sukan goge abin da aka ɗauka jiya su ɗauki na yau a kai. Dubban mutane sun ji muryar Ibrahim Tahir daga Landan, sun ji daɗinta, amma yau in aka ce a kawo wanda zai maimaita shiri guda daga cikin shirye-shiryensa, da wuya a samu. Iska ta kawo, iska ta kwashe.

KAMBIRIJ DA BIRNIN KANO

A can Ingila ɗin ne ya shiga Kwalejin King's ta Jami'ar Kambirij, ya karanta ilmin nazarin al'adu da zaman al'umma. Wannan fanni, a yadda aka saba, Bature ne yakan zo ƙasar baƙar fata da tafinta, ya zauna shekara ɗaya ko biyu, ya koma ya rubuta yadda mutanen suke. Sai ga ɗan ƙasa ya koyi dabarun, ya juyo ya dubi mutanensa da su, ba ya bukatar tafinta, kuma ba a iya ɓoye masa abin da ake ɓoye wa baƙo. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Birnin Kano ya zaɓa don babban bincikensa. Cikin 1975 Jami'ar Kambirij ta ba shi digirin dakta saboda kundin da ya rubuta a kan malamai, da sufaye, da waliyyai, da attajiran Kano, daga 1904 zuwa 1974. Duk ɗan kasuwar da ke wannan wuri ya kamata ya buɗe kunne a nan, domin labarin kakanninsa ne a sana'a.

Turawa sun ci Kano cikin 1903. Hanyar jirgin ƙasa ta isa garin cikin 1911, ba a jima ba cinikin gyaɗa ya buɗe. Fataken da suka saba bin hanyar Gwanja da jakuna suna sayo goro, su ne suka juya suka zama dillalan gyaɗa, shahararren cikinsu shi ne Alhaji Alhassan Ɗantata wanda ya rasu cikin 1955. A gefe guda kuma ga zaurukan malamai, irin na Madabo da na Salgawa, ga ɗariƙun Ƙadiriyya da Tijjaniyya suna bunƙasa, suna haɗa mutanen Kano da na garuruwa masu nisa. Mai kallo daga waje zai ɗauka kasuwa dabam, zaure dabam. Abin da binciken ya bi diddigi shi ne yadda biyun suke a sarƙe. Attajiri yana ɗaukar nauyin malami, ya gina masallaci, ya ciyar da almajirai, ya biya kuɗin buga littafi. Malami kuwa yana ba attajiri mutunci, ya sasanta shi da abokin ciniki, kuma zumuncin ɗariƙa ya sa mutum ya amince ya ba wanda ke wata ƙasa bashin kaya ba tare da takarda ba. Ta haka dukiya da ilmi suka riƙa tallafar juna, har 'yan kasuwa suka zama masu faɗa a ji a garin da dā sarauta kaɗai ke da ta cewa.

Tun daga lokacin, kusan duk masanin da ya rubuta wani abu mai nauyi a kan addini da kasuwanci a Kano, ɗan ƙasa ne ko baƙo, sai ka tarar ya ambaci wannan kundi. Ga shi kuwa har marubucinsa ya bar duniya bai fito a matsayin littafin da ake saye a kanti ba. Da Turanci yake, a ɗakunan karatu na jami'o'i yake kwance, masu digiri suna ɗiba, jikokin fataken da aka rubuta labarinsu kuwa yawancinsu ba su san da shi ba.

ZARIYA DA FAGEN SIYASA

Da ya komo gida sai ya zama malami a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, a sashen nazarin zaman jama'a. Cikin shekarun 1970 jami'ar nan ta zama dandalin muhawara wanda ba kamarsa a ƙasar. Ɗalibai sukan cika ɗaki don su ji an kara tsakanin masu ra'ayin sauyi, waɗanda Dakta Yusufu Bala Usman masanin tarihi yake kan gaba a cikinsu, da masu ganin cewa tsarin da Arewa ta gada yana da abin riƙewa, waɗanda Ibrahim Tahir ya zama bakinsu. Ko waɗanda ba su yarda da ra'ayinsa ba sun shaida cewa samun mai fasahar magana kamarsa, da Hausa ko da Turanci, sai an tona.

Da soja suka ɗage takunkumin siyasa cikin 1978, yana cikin waɗanda suka kafa jam'iyyar NPN. Bayan zaɓen 1983 Shugaba Shehu Shagari ya naɗa shi Ministan Harkokin Cikin Gida, amma bai yi wata uku cikakku a kujerar ba soja suka kifar da gwamnatin ran 31 ga Disamba na wannan shekara. Ba a wannan zama za a yanke hukunci a kan siyasarsa ba, masu yabo suna nan, masu suka suna nan. Abin da ya shafi maganar yau shi ne, taura biyu ba ta taunuwa a lokaci guda. Shekarun da masani yake kan ganiyarsa, waɗanda a cikinsu ne ake mai da kundi littafi, a juya shi zuwa harshen jama'a, a bi tsofaffin gari da na'urar ɗaukar magana kafin su ƙare, yawancinsu taron jam'iyya da hidimar mulki suka cinye. Wani zai ce ilmin da bai shiga sha'anin mulki ba amfaninsa kaɗan ne, kuma maganarsa tana da ƙamshin gaskiya. Sai dai kujerar minista, ranar da aka tashi daga kanta wani ke hawa, amma littafin da mutum bai rubuta ba, ba mai rubuta masa.

LIMAMIN ƘARSHE

Abin mamaki, a shekarar da ta biyo bayan faɗuwar gwamnatinsu, watau 1984, aka buga a Landan aikin da ya fi kowane riƙe sunansa. Littafi ne na ƙagaggen labari da Turanci mai suna The Last Imam, ma'ana Limamin Ƙarshe. A cikin garin Bauci aka gina labarin. Tauraronsa wani limami ne, Alhaji Usman, malami mai zurfin karatu da tsananin riƙo, wanda ya yi ta karo da iyalinsa, da al'adun mutanen gari, da fada, har daga bisani sarki ya tuɓe masa rawani. Labarin ƙirƙira ne, ba tarihin wani limami na gaske ba, amma garin da ke cikinsa na gaske ne. Mai karatu zai ga yadda ake zama a gidan malami, da kishin mata, da matsayin ƙwarƙwara, da ladabin fada, da yadda addini da al'adar gargajiya suke zaune a ɗaki guda, wani lokaci lafiya, wani lokaci da hayaniya. Abin da masanin al'ada ya tara a kansa shekara da shekaru, a nan ya zuba shi cikin rigar labari.

Yana da kyau a ajiye wannan littafi kusa da wani wanda shi ma ɗan Bauci ya rubuta shekara 50 kafinsa. Cikin 1934 aka buga Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, labarin yaron da aka raba da mahaifiyarsa aka ƙetare Sahara da shi, ya girma a ƙasar Larabawa, daga baya ya komo ya zauna yana koyarwa a Rauta kusa da Bauci. Da Hausa aka rubuta shi, saboda haka ya shiga makarantu, yara suka karanta, aka fassara shi da Turanci cikin 1967, aka mai da shi wasan kwaikwayo, aka kuma yi fim ɗinsa cikin 1976. Yau da wuya a sami Bahaushen da ya yi makaranta bai san sunan Shaihu Umar ba. Limamin Ƙarshe kuwa, duk da zurfinsa, masu nazarin adabi a jami'a suka fi saninsa. Ba fasaha ce ta raba su ba, harshe ne. Wanda ya yi wa mutane magana da bakinsu, su za su ɗauki maganar su yi ta yawo da ita.

Mai Martaba Sarkin Bauci ya naɗa shi Talba, sarautar da asalinta daga Barno take, kuma da wannan suna aka fi kiransa har ƙarshen rayuwarsa. A shekarunsa na baya ya zama masani mai zaman kansa, wanda 'yan jarida da ma'aikatan rediyo kan nema in wani al'amari ya rikice, ya warware musu shi tun daga tushe, ya haɗo abin da ya faru jiya da abin da ya faru shekara ɗari da suka wuce. Nan ma dai baki ne, kuma yawancin abin da ya faɗa a zaure da gaban makirufo ya bi shi kabari.

To, in aka yi lissafi, ga yadda abin ya tsaya. Muryarsa ta kai ga talakawa amma ba ta zauna ba. Rubutunsa ya zauna amma bai kai ga talakawa ba. Aikin da ya rage wa na baya shi ne su haɗa biyun, watau a ɗauki abin da ke bakin mutane, a rubuta shi da harshen mutane, a mayar musu.

SAƘO GA MAZAUNA KURMI

Kada wani ya ce wannan aikin masu digiri ne. Akwai misalai biyu da za su kore wannan zato. Na farko Alhaji Umaru, wanda aka fi sani da Umaru Salga, haifaffen Kano wanda ya bi hanyar fatake ya zauna Salga, daga baya ya koma Kete-Karachi a ƙasar da yau ake kira Gana, ya zama limamin zango har ya rasu cikin 1934. Baƙo ne a ƙasar wasu kamar kowane mai saurare a nan, ba shi da albashin jami'a, amma ya zauna ya rubuta da ajami labarin garuruwan Hausa da sana'o'insu da al'adunsu, kuma har yau masana suna sha daga wannan rijiya. Na biyu wata tsohuwa ce ta ƙasar Zazzau, Baba ta Karo, wadda ba ta yi karatun boko ba. Tsakanin 1949 da 1950 ta ba wata Baturiya, Mary Smith, labarin rayuwarta, aka buga shi cikin 1954 bayan rasuwarta. Da ba a zauna da ita ba, da abin da ta sani na zamanin bauta, da zuwan Turawa, da zaman aure a karkara ya tafi tare da ita. Irin Baba suna nan a kowane zango, ana wuce su kullum ana gaishe su, ba mai tambayarsu kome.

Kuma zaman Hausawa a Kurmi shi kansa tarihi ne mai tsawo. Tun cikin 1863 Gwamna Glover ya kafa rundunar Hausawa a Ikko, wadda tana cikin tushen sojan Nijeriya da 'yan sandanta. Cikin 1916 aka keɓe unguwar Sabo a Badun. Wani masani daga Ingila, Abner Cohen, ya zauna a Sabon cikin 1962 da 1963, ya buga littafi cikin 1969 a kan yadda masu gida da dillalai suke tafiyar da cinikin shanu da goro bisa amana. Dakta Mahdi Adamu kuma ya buga nasa cikin 1978 a kan rawar da Hausawa suka taka a tarihin Afirka ta Yamma. Duka da Turanci suke. Ina wanda 'yan zango suka rubuta da kansu, don 'ya'yansu?

Wannan ba maganar nishaɗi ba ce kawai. Kowa ya tuna abin da ya auku a Shagamu cikin 1999, da Idi-Araba cikin 2002, da kasuwar Shasha ta Badun cikin 2021. Duk ranar da fitina ta tashi, tambayar farko da ake jefa wa baƙo ita ce, yaushe ka zo, wa ya ba ka wurin nan? Al'ummar da ke da rubutaccen labarin zuwanta, da sunan basaraken da ya sauke ta, da auratayyar da aka yi, da amanar da aka riƙe tsakaninta da masu masauki shekara da shekaru, tana da abin da za ta shimfiɗa a gaban hukuma, tana kuma da abin da za ta tuna wa maƙwabta da shi don a huce. Wadda ba ta da shi kuwa, kullum jiya ta zo.

Yadda za a yi ba wuya. A zamanin Talba na'urar ɗaukar magana sai gidan rediyo, yau kuwa tana cikin aljihun kowane yaro, a jikin wayarsa. A sami saurayi ko budurwa mai natsuwa, a tura shi wurin dattawan unguwa, maza da mata. Ya tambayi dattijo garinsu, da unguwarsu, da sunan iyayensa da kakanninsa, da abin da ya fito da shi, da hanyar da ya biyo, da maigidan da ya sauke shi, da sana'ar da ya fara. In dattijo bai riƙe shekara ba, a auna masa da abin da kowa ya sani: kafin yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970 ne ko bayansa? An koma tuƙi a hannun dama, watau 1972? An canja fam zuwa naira, watau 1973? Kada mai ɗauka ya ƙara gishiri, kada ya rage abin da bai yi masa daɗi ba, kuma in mutum biyu suka saɓa, a rubuta duka biyun a faɗi wanda ya faɗi kowanne. Sa'an nan a juya maganar a takarda, da boko ko da ajami, domin waya tana faɗawa ruwa, tana kuma ɓata. Kofi ɗaya ya zauna wurin Sarkin Hausawa, ɗaya a aika gida, ɗaya a kai inda ake adana irin waɗannan takardu, kamar Gidan Arewa da ke Kaduna, wanda aka kafa cikin 1970 a tsohon gidan Sardauna.

Saura maganar guzuri. Mai bin tarihi don kansa ba shi da albashi, ga kuɗin mota, ga na takarda, ga cikinsa. A nan ne binciken Talba ya komo kan masu saurare. Attajiran Kano da ya yi nazari ba su ɗauki ciyar da malami a matsayin hasara ba, sun san da shi sunansu zai daɗe. Ƙungiyoyin 'yan goro, da na mahauta, da na dillalan shanu, da na masu canji, waɗanda ke tara kuɗi don biki da jana'iza, ba zai gagare su ba su ware wani abu don yaron da zai rubuta labarin zangonsu. Abin da ake kashewa a walimar naɗin sarauta guda ya isa a ɗauki maganar dattawa ashirin.

Hausawa sun ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Ibrahim Tahir ya bar gida ya yi nisa, amma da ya ɗauki alƙalami zai rubuta labari, Bauci ya rubuta. Shi kuwa mutumin nan na Gwallaga da aka fara magana da shi, in ya koma masauki yau da dare, ya kira ɗansa ya gaya masa ko da sunan ƙofa uku ne daga ƙofofin garinsu, da sunan kakarsa, da shekarar da ya sauka tashar Ido, ya kuma sa yaron ya rubuta.

Allah ya jiƙan Talba, ya gafarta wa magabata, ya zaunar da ƙasa lafiya, ya mai da kowane matafiyi gida da alheri. Wassalam.